Tagwayen Layi

"Malama, dubi abin da kuka yi mini! Don Allah juyo ki duba!"

"Na gani. Ka sassauta murya, ɗalibata tana da hawan jini."

"To ni ma nawa yanzu ya tashi."

Malama ta fito daga ƙaramar motar koyon tuƙi, ta bi yatsan saurayin da kallo. Tun safe shi da abokan aikinsa suke zana farin layi a tsakiyar titin, sun jera jajayen robobi masu tsini don kada kowa ya hau ɗanyen fenti. Yanzu robobin suna kwance warwatse, ɗaya ya maƙale a ƙarƙashin mota, ga sawun taya fari fat ya yi ta karkacewa a kan baƙar kwalta kamar an ba yaro alli.

A cikin motar, Inna Mai Ɗinki, dattijuwar da ta rantse sai ta iya mota kafin jikokinta, ta ƙanƙame sitiyari tana ta salati.

"Birki na ce mata, ta taka totur," in ji Malama.

"Ke babu birki a ɓangarenki?"

"Akwai mana. Shi ya sa muka tsaya a nan, ba a cikin bokitin fentinka ba."

Ya buɗe baki zai mayar mata, sai ya dube ta sosai. Siririya ce, gilashin idonta ya zamo kan hanci, tana cije leɓe don kada dariya ta ƙwace mata. Maganar da ya shiryo ta ɓace masa ɓat. Ya tsaya da buroshi a hannu, fenti yana ɗiga a kan takalminsa bai sani ba.

Inna ta leƙo ta taga. "Ɗana, ka yi haƙuri. Wallahi layin ne ya yi mini kyau, na ce bari in bi shi."

Nan dariya ta kuɓuce musu gaba ɗaya, har da abokan aikinsa da ke can gefe. Ya durƙusa ya zaro robar daga ƙarƙashin mota. Ita kuwa Malama ta tsaya tana kallon layin da bai ɓaci ba, yadda ya miƙe sambal har inda ido ya ƙare.

"Hannunka ne ya ja wannan?"

"Ni da inji. Amma injin ba ya gani, ni nake gane masa."

"Filin da nake koyarwa ba shi da layi ko ɗaya. Da duwatsu nake nuna musu wurin fakin, kullum sai sun take."

"Duwatsu?" Ya dafe ƙirji kamar an gaya masa rasuwa. "Haba Malama. Kawo lambarki, wannan ai ceton rai ne."

Ta ba shi. A hanyar komawa Inna ta yi ta kallonta ta gefen ido, har Malama ta ce mata ta dubi titi.

Ranar hutunsa ya zo filin a kan keke, da gwangwanin fentin da ya sayo, da doguwar igiya da ya shafe da garin alli. Ya ba ta bakin igiyar ɗaya.

"Riƙe a ƙasa, kada ki motsa."

Ya ja ɗaya bakin ya ɗaure, ya ɗaga tsakiyar igiyar ya sake ta. Ta daki ƙasa, ta bar farin zare miƙaƙƙe. Malama ta yi tsalle kamar ƙaramar yarinya.

"Sake yi!"

"Na ce kada ki motsa, ga shi kin motsa."

Kafin rana ta yi zafi filin ya zama wani wuri dabam. Ga akwatunan fakin a jere, ga layin tsayawa, ga matsallakar masu tafiya a ƙasa da faffaɗan zanenta, ga ɗan guntun titi da ya kawo mata kowane irin layi a kai. Ta tsaya tana kallo, idonta ya ciko. Duk shekarun da ta yi tana koyar da mata tuƙi a filin nan, ba wanda ya taɓa ɗaukar aikinta da muhimmanci haka.

"Da me zan gode maka, Mai Layi?"

"Ki bar ni in riƙa zuwa duba ko fentin ya dushe."

"Fenti yana dushewa a mako ɗaya?"

"Wannan irin, sai a hankali. Kullum yana son a duba shi."

Daga ranar ɗalibanta suka samu sabon karatu. Takan tsayar da su a bakin guntun titin ta riƙa nunawa da sanda.

"Layi mai yanke-yanke fa?"

"A iya shan gaban mota, idan hanya ta yi fili!"

"Miƙaƙƙe wanda bai yanke ba?"

"Kowa ya zauna a hannunsa!"

"Rawaya a bakin titi?"

"Ba a fakin!"

"Tagwaye, biyu a jere a tsakiya?"

"Bango ne, Malama! Na nan ba ya tsallakawa, na can ba ya tsallakowa!"

"Madalla. Duk wadda ta manta wannan, ba ni na koya mata ba."

Shi kuwa saƙonninsa ba sa yankewa. Tana tashi za ta tarar da na safe yana jiranta.

"Barka da asuba, Birkina. Jiya mun zana matsallaka a gaban asibiti. Wata tsohuwa ta tsallaka, ta dawo, ta sake tsallakawa. Wai daɗi take ji motoci suna tsaya mata."

"Birki? Duk sunayen duniya ka rasa na ba ni sai birki?"

"Ina cikin guduna na gan ki, na tsaya cak. Me ake kiran abin da ke yin haka?"

"Ana kiransa tsoron Inna Mai Ɗinki. Ka ci abinci, Layina, kada ka wuni da warin fenti a ciki."

"Kin ce Layina?"

"Hannuna ne ya zame."

"Allah ya sa ya riƙa zamewa."

Takan karanta ta kife wayar a ƙirji, ta yi ta murmushi ita kaɗai, har Umma ta fara tambayarta ko lafiya. Da ta gaya mata, Umma ta yi hamdala ta ce ya zo ya gaida Babanta.

Baba tsohon direban bas ne, ya yi ritaya amma har gobe unguwa Baba Direba take ce masa. Shi ya koya wa autarsa tuƙi tun ƙafarta ba ta kai kuloci ba. Ranar da Mai Layi ya zo, ya sha wanka ya goge farcensa har ba ɗigon fenti, ya tarar da Baba a kan benci a ƙofar gida. Ya durƙusa ya gaishe shi. Malama tana bayan ƙyaure tana saurare.

"Mece ce sana'arka, yaro?"

"Zanen titi, Baba. Mu muke ja wa hanya layi."

Baba ya gyara zama. Ya ɗaga sandarsa a hankali ya nuna bakin titin ƙofar gidansa, inda wani layin rawaya ya bi gefen kwalta ya sha kwana.

"Wannan fa? Ka san wanda ya yi shi?"

A bayan ƙyaure Malama ta runtse ido. Ta manta! Wallahi ta manta shaf! Ta riƙa roƙo a ranta, ka ce ba ka sani ba, ka ce kuna da yawa.

"Ni ne, Baba. Bara, bayan ruwa ya ɗauke."

"Kai ne."

"Ni ne."

A daidai wurin nan Gimbiya take kwana tun kafin a haifi Malama. Gimbiya ita ce tsohuwar bas ɗin Baba, wadda ya ci da iyalinsa da ita, yake wanke ta duk safiya ko ba za ta je ko'ina ba. Da layin rawaya ya bayyana, masu kula da hanya suka zo da ladabi suka ce a gusar da ita. Yanzu tana can kangon bayan gida a lulluɓe da tamfol, kaji suna kwana a ƙarƙashinta.

"Baba, kwana ce a nan, ga makarantar yara a gaba," Mai Layi ya faɗa murya ƙasa-ƙasa. "Idan babbar mota ta tsaya, mai tahowa ba ya ganin yaron da zai fito ta bayanta."

"Au, titi za ka koya mini? Ni?" Baba ya miƙe. "Na fara riƙe sitiyari ubanka bai fara gemu ba. Ka kori Gimbiya daga ƙofar gidana, yanzu ka dawo ɗaukar Auta? Tashi. Kada in sake ganin kekenka a layin nan."

Da ya tafi Umma ta fito tana tafa hannu. "Haba Malam, yaron nan fa aikinsa ya yi."

"Ya yi nasa, ni ma ina yin nawa."

Malama ta shige ɗaki ta sha kuka. Saƙonsa ya shigo.

"Kada ki yi fushi da Baba, Birkina. Da na yi masa ƙarya yau, da me zan kalle shi gobe? Zan jira."

"Da ka ce kuna da yawa mana."

"Muna da yawa. Amma ni na ja shi."

Labari bai kwana ba ya kai kunnen Gwaggo, ƙanwar Baba, wadda ta daɗe tana tallar ɗan ƙawarta, wani mai sayar da motoci. Ta kawo shi da kanta. Ya iso cikin wata doguwar mota mai sheƙi, ya faka ta ɗaram a kan layin rawaya.

"Ba a fakin a nan," in ji Malama, ko gaisawa ba su yi ba.

Ya yi dariya yana kaɗa makulli. "Ranki ya daɗe, ai fenti ne kawai."

"Ka ji magana!" Baba ya washe baki. "Zauna, ɗana, zauna."

Sai dai duk zaman da aka yi, idon Baba yana kan kwanar. Da aka tashi yaran makaranta, ya miƙe, ya je ya tsaya a bayan doguwar motar yana tsallakar da su da sandarsa. Umma ta gani, ta kama bakinta.

Ana cikin haka aka tura su Mai Layi aikin wata sabuwar hanya a wajen gari, can cikin tsaunuka, inda sabis sai an hau tudu. Saƙo ya koma jefi-jefi. Gwaggo kuwa kullum tana gidan, yau ta kawo turare, gobe ta kawo hoton gidan da Mai Motoci yake ginawa.

"Auta, ki yi wa kanki faɗa. Wancan mai warin fentin ko sake leƙowa ya yi? Namiji idan yana so, ko korarsa aka yi sai ya dawo."

Maganar ta zauna mata a rai. Wata rana da hantsi, tana zaune a mota tana jiran ɗaliba, ta rubuta masa.

"Layina, na gaji. Gwaggo ta matsa, Baba bai sauko ba, kai kuma ka yi nisa. Ka faɗa mini gaskiya, kada ka ji tausayina. Ni da kai, ina muka tsaya?"

Amsar ba ta zo ba sai da yamma. Hoto ne. Sabuwar kwalta baƙa wuluk, a tsakiyarta tagwayen layi farare, biyu a jere, ba yankewa, sun miƙe har sun ɓace a bayan tudu. A ƙasa ya rubuta:

"Ni da ke kenan. Har abada."

Ta kalli hoton, ta sake kallo. Abin da take koya wa mata kullum da bakinta, yau shi aka aiko mata. Bango. Na nan ba ya tsallakawa, na can ba ya tsallakowa. Kuma har abada.

Ko faɗa bai tsaya yi da ita ba. Ya zaɓi yaren da ya san ba za ta kasa ganewa ba, ya sallame ta da shi cikin ladabi. Ta toshe lambarsa, ta kifa kai a kan sitiyari, hon ya yi ta ƙara ba ta ji ba.

Kwanakin da suka biyo baya Malama ta zama wata iri. Ba ta ci, ba ta dariya. A fili Inna Mai Ɗinki ta yi fakin a karkace, ta haye akwati biyu, Malama ta ce mata ya yi kyau.

"Ya yi kyau?" Inna ta zare ido. "'Yar nan, wa ya taɓa ki?"

A gida ta ce wa Umma, "Ki gaya wa Gwaggo duk yadda suka yi daidai ne."

Baba yana tsakar gida ya ji. Ya daɗe yana son jin wannan magana, amma da ta fito sai ya ji ba daɗi. Muryar ba ta Autarsa ba ce. Ya kira ta.

"Zo nan. Me ya faru da mai fentin naki?"

"Ya fasa, Baba."

"Ya me?"

Ta miƙa masa wayar. Ya sa tabarau, ya nisanta hoton, ya matso da shi. Direba ne, bai buƙaci fassara ba.

"Tagwaye," ya faɗa a hankali. "Tagwaye ya aiko miki." Sai murya ta tashi. "Shi? Shi ne zai ja wa 'yata layi? Ni na ce ba na so! Ni ke da hanawa! Shi wane ne da zai ce ya fasa? Me Auta ta rasa?"

"Malam, ai abin da kake so ne ya faru," in ji Umma.

"Ba haka nake so ya faru ba! Ina makullin Gimbiya?"

"Baba, don Allah ka bar shi."

"Ba zan bari ba. Sai ya dubi idona ya gaya mini aibinki. Ku sa mayafi."

Aka yaye tamfol, kaji suka watse suna kyarkyara. Gimbiya ta yi tari, ta yi atishawa, maƙwabta suka taru suka tura, sannan ta tashi da wani irin gurnani da ya girgiza tagogin unguwa. Baba ya zauna a kujerarsa ya gyara madubi, ƙuruciya ta dawo masa a fuska. Umma a gefensa, Malama a baya ta haɗa kai da gilashi tana share hawaye.

Da suka fita gari suka hau sabuwar hanyar, Baba yana ta faɗa shi kaɗai. Can suka cim ma wata tirela ɗauke da buhuna, tana jan ciki a kan tudu kamar ba za ta kai ba. Baba ya rage gudu ya bi bayanta.

"Malam, sha gabanta mana, hayaƙi ya ishe mu," in ji Umma.

"Ba ki ga tagwaye ba ne? Kwana ce a gaba, ban san me ke tahowa ba."

"Au. Na ɗauka fenti ne kawai."

Baba ya yi kamar bai ji ba. Kafin a rufe baki wata tanka ta ɓullo daga kwanar ta wuce su fuu, iskarta ta kaɗa Gimbiya. Sai can Baba ya yi gyaran murya, yana kallon layin da ke gudu a gefen tayarsa.

"Ɗan banza, hannunsa ya faɗa kuwa. Ko rawa layin bai yi ba."

Sun hango jajayen robobi tun daga nesa. Baba ya sauka daga kwalta ya faka a fili, ya diro da sandarsa.

"Kai! Mai Layi!"

Yana bayan injinsa yana turawa, hula ta rufe rabin fuskarsa. Ya ɗago, ya ga Baba, ya ga Umma, ya ga wadda ke saukowa a bayansu. Ya kashe injin ya taho da gudu, ya rame har wuyansa ya fito. Ya zube a gaban Baba.

"Baba, lafiya? Wani abu ya same ta? Ina ta kira ba ya shiga, na ce ko kai ka karɓe wayar, shi ya sa ban..."

"Rufe mini baki. Mene ne wannan?" Baba ya dangwara masa wayar a gaban ido.

Ya duba, kunya ta kama shi, ya sunkuyar da kai. Abokan aikinsa sun riga sun ajiye kaya sun matso.

"Baba, wannan ai... tsakanina da ita ne."

"Yanzu ya zama tsakaninka da ni. Me 'yata ta yi maka da za ka fasa?"

"In fasa?" Ya ɗago a firgice. "Wa ya fasa? Ni?"

Malama ta kasa daurewa. "Na tambaye ka ina muka tsaya, ka aiko mini da bango! Na nan ba ya tsallakawa, na can ba ya tsallakowa. Har ka ƙara da har abada!"

Ya kalle ta, ya kalli hoton, ya kalli titin. Sai ya ɗora hannu biyu a ka.

"Wayyo Allah. Wayyo ni. Birkina, ba haka ba ne! Wallahi ko kusa ban kawo wannan a raina ba!"

"To me ka kawo?" in ji Baba.

"Baba, ku zo ku gani. Don Allah ku zo."

Ya kai su bayan injin, ya nuna musu ƙasansa, inda bakin fenti biyu suke jere da juna.

"Ku daga kan sitiyari kuke ganinsu, ku ga an hana ku. Ni ban taɓa ganinsu daga can ba, keke gare ni. Ni daga nan nake ganinsu, wuni guda ina bin su a ƙafa. Tare suke fita. Tare suke shan kwana, tare suke hawa tudu, tare suke gangarawa. Tazarar da ke tsakaninsu ba ta wuce tafin hannu ba, kuma ba ta ƙaruwa ko an yi tafiyar kwana nawa. Idan ɗaya ya tsinke ba a yi masa faci shi kaɗai, duka biyun ake kankarewa a sake." Ya dubi layukan. "Ranar da saƙonta ya shigo, na juya na ga waɗanda na ja tun safe, na ce ban taɓa ganin abin da ya yi kama da mu irin wannan ba. Har tudu na hau don hoton ya tafi. Ina ta murna na yi magana mai daɗi."

Malama ta rufe baki da mayafi, hawaye na zuba, kafaɗunta na rawa, ita kanta ba ta san ko kuka take ko dariya ba.

Wani dattijo cikin ma'aikatan, shugabansu, ya ce, "Alhaji, gaskiya ya faɗa. Sai da ya nuna mana hoton ɗaya bayan ɗaya, duk muka ce ya yi. Ba wanda ya tuna da direbobi. Tun ranar kuma ba ya cin abinci, mu muke cinye nasa."

Umma ce ta fara fashewa da dariya, har tana riƙe ƙofar Gimbiya. Ma'aikata suka ɗauka.

"Malamar tuƙi guda ka aika wa tagwaye," Malama ta faɗa tana jan hanci. "Layina, kai wane irin mutum ne?"

"Irin wanda ba zai sake ba. Ki yafe mini."

"Ni ma da na tambaya."

"Da kin tambaya, da Baba bai zo ba."

Baba bai yi dariya ba. Ya durƙusa da ƙyar yana dogara sanda, ya buɗe tafin hannunsa a saman layukan biyu, bai taɓa fentin ba, ya auna tazarar. Ya ɗaga kai ya bi su da kallo, yadda suka gangara tare suka sha kwana tare. Ya daɗe a haka. Shekara da shekaru yana bin irinsu, bai taɓa ganinsu ta wannan gefen ba.

Ya miƙe, Mai Layi ya tallafe shi, bai ture hannun ba.

"Na taho in ci mutuncinka," in ji Baba. "Tun daga gida nake shirya maganganu, masu zafi kuwa. Yanzu ka bar ni da su ban san inda zan kai su ba."

"Ka faɗe su, Baba, zan ɗauka."

"Ba ka da ƙarfin ɗaukarsu, dubi wuyanka." Ya juya ga 'yarsa. "Auta, share fuskarki. Shi kike so?"

Ta ɓoye a bayan Umma. "Shi ne, Baba."

"Gwaggonta fa, Malam?" in ji Umma tana ƙunshe dariya.

"Ƙanwata ce, ni zan ji da ita. Ta kai turarenta gaba." Ya nuna Mai Layi da sanda. "Kai kuma, daga yau idan kana da magana mai daɗi, ka faɗe ta da baki. Ban da hoto."

"Na ji, Baba."

Sai Baba Direba ya gyara tsayuwa a gefen sabuwar kwalta, ya ɗaga murya irin wadda yake kiran fasinja da ita a zamaninsa, har ta amsa a cikin tsaunuka.

"Ku da kuke nan, ku zama shaida! Na ba yaron nan Auta. Ya gama aikinsa ya turo manyansa a sa rana, ba na son jan lokaci. Allah ya yi musu albarka, ya sa su tsufa tare!"